Gishirin da ke kan allo

...kuma ai ba wanda ya gane. Mako uku ke nan ba wanda ya gane, to me ya sa Rekiya ke goge tebur ɗaya sau huɗu? Ita da ta buɗe shagon gahawa da burodi a Lafiya, unguwar Akurba — Akurba fa, inda kowane lungu da mai shayinsa — ta kuma ga bayan masu cewa ba za ta kai wata uku ba. Shekara huɗu yanzu. Tebur biyar, obin biyu, burodi ba ya kaiwa azahar. Ta isa ta ɗaga kai, kuma tana ɗagawa, don Rekiya ba ta iya ɓoye jin daɗi ba, ko gwadawa ba ta taɓa yi ba.

Sai dai ƙanenta Luqman ya bugo waya. Wai sun wuce Agyaragu, sun kusa shigowa Lafiya.

Sun wuce. Shi da Mama.

Mama Dijatu, da ta ce ƙafarta ba za ta taka shagon nan ba... yau ga ta a hanya, ba sanarwa, ba komai. Haka take. Kakarki ta dafa gishiri, na dafa gishiri, ke kuma za ki tafi Lafiya ki dafa wa mutane ruwan ɗaci? Ranar ma a bakin murhu take a Keana, hayaƙi na shigar mata ido, ko juyowa ba ta yi ba. Rekiya ta kai mata gahawa a filas don ta ɗanɗana. Ta kurɓa sau ɗaya ta tofar, har da kuskure baki, kamar an ba ta maganin zazzaɓi.

Amma da rani ya zo, buhu ya iso. Ba wasiƙa, ba gaisuwa, direba kawai ya sauke a ƙofar shago ya ce daga Keana. Gishirin hannunta — manyan ƙwayoyi, da ɗan danshi, fari amma ba farin gishirin leda ba. Wani rani, wani buhu. Wani rani kuma... Iyakar maganar da ke tsakaninsu kan shagon ke nan, kuma Rekiya ta fahimce ta sarai. Shi ya sa ta ɗauki alli ta rubuta a allon da ke bayan kanta, da manyan baƙaƙe: BURODIN GISHIRIN KEANA. Mutane suna tasowa tun daga cikin gari saboda rubutun nan. Wata malamar jami'a har hoto ta ɗauka.

Bana buhu bai zo ba.

Ta jira. Rani ya wuce, ruwa ya sauka, ta kakkaɓe gindin tsohon buhu har ta juya shi ciki waje. Ta tambaya? Ita? Ta buga waya ta ce Mama ina gishirina, kamar mai bara? Girman kan nan ai ba a titi ta tsince shi ba, a nono ta sha. Sai ta shiga kasuwa ta sayo gishirin leda, ta juye shi cikin tsohon buhun, ta ɗaure bakin — wa take ɓoye wa? Ita kaɗai ke shiga wurin kwaɓi.

Ranar farko kuwa ta sha kunya. Cikin hannu uku ga kowane kwaɓi, haka hannunta ya saba, haka Mama ke auna komai, ba cokali ba sikeli. Ta manta na leda gari ne, hannu ɗaya nasa ya kusa biyu na Keana. Burodi ya ƙi tashi yadda ya kamata, ya fito a daƙushe. Ferdinand, ma'aikacin sakateriya da ba ya fashin zuwa kowace safiya, ya gutsira ya dube ta ta saman tabarau. Madam, abeg, yau burodi ya je wanka a teku ne? Ta yi dariya tare da shi. Ta kwashe tire shida ta ba awakin maƙwabta, su ma sai da suka yi shawara kafin su ci.

Amma ta gyara! Wannan kam a faɗa. Kwana biyu ta yi da sikeli tana ragewa tana ƙarawa har ta kamo shi daidai. Ɓawon ya dawo da ƙarar nan tasa idan an matsa, cikin ya yi laushi, ƙamshi yana tare mutane tun daga bakin titi. Wa ya koya mata? Ba kowa. Duk Lafiya a nuna mata mai burodin da zai canza gishiri harsunan mutum hamsin su kasa ganewa.

Harsunan mutum hamsin... amma ba na Mama ba.

Matar da ake kawo wa gishiri a tafin hannu ta taɓa da harshe ta ce wannan na wance ne, ta yi gaggawar sauke shi. Wannan kuma ƙasar ba ta bushe ba aka kankare. Rekiya tana 'yar shekara tara, tana riƙe da ƙwarya a ƙarƙashin tukunya mai huda, ruwan gishiri yana ɗiga, ɗis, ɗis, rana tana dukan ƙeyarta — buɗe baki. Ɗanɗana. Me kika ji? Gishiri, Mama. Ranƙwashi. Sake ɗanɗanawa.

Tsumman yana hannunta, jiƙe. Allon yana nan, taku biyu. Shafa ɗaya ta isa, kalma ɗaya ce kawai za ta tafi. Mama ma ba ta karatun boko... amma Luqman zai karanta mata, bakinsa ba ya rufuwa. Idan ta goge kuma Ferdinand zai tambaya, ga shi can a kujerarsa. Terhide ma, nas ɗin da ke biyowa in ya tashi daga aiki, yana tebur na biyu yana kaɗa gahawa. A gabansu za a yi? A gaban mutanenta, a shagon da ta gina da hannunta, tsohuwa ta tauna ta tofar ta ce wannan ba nawa ba ne?

Tsoro take ji. Ita Rekiya, mai obin biyu, tsoro take ji kamar 'yar shekara tara.

Keke ya tsaya a waje. Ba ta goge ba.

Yaushe Mama ta ƙanƙance haka? Luqman ne ke riƙe da gwiwar hannunta. Ba buhu a keken — idon Rekiya ya duba kafin ta hana shi. Ta durƙusa ta gaishe ta da yarensu na Alago, Mama ta amsa da Alago, idonta yana yawo: tebur, gilashin burodi, injin niƙa gahawa, fankar sama. Luqman kuwa tuni ya nuna allo yana karantawa da ƙarfi, har da jan Keana ɗin.

To. A kawo. Wanda ya fi kowanne kyau, na tsakiyar tire, mai zafi. Idan za a kashe ta a kashe ta da mafi kyawun aikinta. Da gahawa a ƙaramin kofi, tunda Luqman ya ce a kawo — sukari yana gefe, ga cokali.

Hannun... Rekiya ba ta taɓa ganin hannun nan haka ba. Gaɓoɓin sun kumbura, yatsun sun lanƙwashe ciki, burodi mai laushi amma sai da ta danne shi da gefen tafi kafin ya gutsuru. Da wannan hannun za a kankare ƙasa? Da shi za a ɗaga tukunya daga wuta? Wata nawa tana fushi da buhun da bai zo ba, ko sau ɗaya ba ta ce bari in je in gani ba.

Mama tana taunawa. A hankali. Tana taunawa, ta haɗiye, ta sake gutsira. Ta ɗago ta dubi Ferdinand, ta dubi Terhide.

"Wannan gishiri, ni ne na dafa," in ji ta. "Yarinya na ne wannan."

Da Hausa. Ba da Alago ba — da Hausarta ta kasuwa, da murya sama, don kowa ya ji. Ferdinand yana tafi. Rekiya kuwa shekara huɗu take jiran rabin wannan. Mama ta sani ke nan. Ta gane tun lomar farko, ta rufa mata asiri a gaban baƙi, in sun keɓe ranƙwashi na nan tafe... Alhamdulillahi, ya zo, za ta miƙa kai da kanta.

Sai Mama ta kai hannu biyu ta ɗauki kofin. Ba ta taɓa sukarin ba. Baƙar gahawa, wadda Terhide ma sai ya zuba cokali biyu. Ta kurɓa. Ta sake kurɓa. Fuskarta ba ta motsa ba, ko gira, kamar mai shan ruwan randa.

Tana haɗiyewa ne don 'yarta? Ko kuwa harshen ne ya daina ji...

A tambaye ta? Ta yaya? Mama, kin ji ɗaci? Mama, kin ji gishirin? Tsumman yana nan a hannun Rekiya, yana ɗiga a kan takalminta, allon yana bayanta, Mama kuma ta turo kofin gaba tana murmushi, wai a ƙara mata.