Igiyar Shanyar Mama Opal

Dokar da Royce Hargis ya rubuta da hannunsa ita ce ta kama uwarsa.

Shekara ashirin da suka wuce ya sayi makiyayar shanu a bayan garin Tulsa, ya gina gida ɗari huɗu, ya zagaye da katanga, ya sa wa unguwar sunansa. A shataletalen shiga ya kafa gunkinsa na tagulla, hannu a miƙe, yatsa yana nuna gabas. Sannan ya zauna da lauya suka tsara dokoki: ciyawa kada ta wuce inci huɗu, ƙofa launi uku kawai, ba kaji, ba tsohuwar mota a ƙofar gida, ba shanya a waje. Shanya, in ji shi, tana karya darajar gida. Da gidajen suka sayu ya miƙa mulki ga kwamitin mazauna, yadda aka saba, ya tafi neman wani filin.

Bara mahaifiyarsa, Mama Opal, ta faɗi a gonarta ita kaɗai, ta yini a ƙasa kafin mai kawo wasiƙa ya gan ta. Wata uku Royce yana lallashi kafin ta yarda ta dawo kusa da shi. Ya saya mata gida a unguwar, mai kallon tafki, da injin busar da kaya sabo fil. Ta zuba dankali a cikinsa. Ranar Litinin ta ɗaura igiya tsakanin itatuwa biyu, ta baza zannuwan gado.

Laraba takardar kwamiti ta iso: a kwance igiya cikin wata guda.

Ya same ta a kicin tana yanka kuɓewa, akwatinta na tsaye a bakin ƙofa.

"Mama, injin nan ba ya cizo."

"Shekara tamanin da huɗu rana ke busar min da kaya, Royce. Ranar da aka kwance igiyar nan, ka zo da mota ka mayar da ni gona."

Ya san ta. Ba ta maimaita magana.

Shugabar kwamiti Lorene Tackett ce, tsohuwar hedimistiris ta makaranta, wadda ya taɓa sa ta sake fentin ƙofarta har sau biyu saboda shuɗin bai yi masa ba. Ya je mata da kek na kanti. Ta karɓa, ta duba kwanan watan da ke jikin kwalin, ta ajiye.

"Mista Hargis, ni ma dokar ta yi min tsauri," in ji ta. "Amma wanda ya rubuta ta ya gaya min a tsaye a nan cewa in aka ɗaga wa mutum ɗaya ƙafa, unguwa ta lalace. Mutum ne mai hangen nesa. Ga shi can a shataletale yana hangowa."

Ta tuna masa cewa sauya doka sai da kashi biyu cikin uku na masu gidaje. Shi da kansa ya sa wannan sharaɗin, don kada wani ya taɓa masa aiki.

Haka mutumin da ke da jirgin sama nasa na kansa ya shiga bin gida gida a zafin Yuli, hula a hannu. Wani ya tuna masa kwalekwalen da aka hana shi ajiyewa. Wata ta fito da hoton kajinta uku, ta faɗa masa sunayensu. Ya sha shayin ƙanƙara har cikinsa ya cika dam, ya yaba jikokin da ba abin yabo a jikinsu. Ba wanda ya ce masa eh, ba wanda ya ce a'a.

Ranar taro zauren ya cika. Lorene ta miƙe ta ce kwamiti ya yarda a soke dokar shanya, amma sai dai a soke ta tare da doka ta arba'in, a ƙuri'a ɗaya. Royce bai buƙaci a karanta masa ba. Ita ce ta ce gunki zai zauna a shataletale har abada, mazauna kuma su riƙa wanke shi sau biyu a shekara.

Ya waiwaya. Mama Opal na layin gaba tana saƙa, akwatin na gefen ƙafarta. Da shi ta zo.

Da aka zo ƙuri'a, hannun Royce ne ya fara tashi.

Motar kamfaninsa ce ta tumɓuke gunkin. Matarsa ta ce ba dai a lambunta ba. Ofis suka ce ƙofa ba za ta ci shi ba. Mama Opal ta zagaya shi, ta ƙwanƙwasa gwiwar, ta ce a kai mata bayan gida, dama itacen gabas ya fara ruɓewa.

Yana can har yau, ana hango shi daga titi. A yatsan ta ɗaura igiyar. Kuma tun da ta ce injin matarsa yana cinye masa kaya, ita ke yi wa Royce wanki. Duk Litinin, abin da ke kusa da yatsan gajerun wandunansa ne.