Mai Fito a Kwalekwale

Bayan sallar isha'i Malam Ubale ya ji fiton. Gajere sau biyu, sannan dogo mai karyewa a ƙarshe, kamar tsuntsun da aka shaƙe. Mutum ɗaya ke irin wannan fito a duk Kafin Maiyaƙi: ɗansa Hamidu, wanda ya tafi su a tafkin Bagauda shekarun baya, ba a ƙara ganinsa ba, ko gawarsa.

Ko takalmi bai saka ba. Ƙarar ta kai shi zauren maƙwabcinsa Gwadabe, inda ake kallon bidiyo da janareto.

"Mai da shi baya, Gwadabe! Don girman Allah!"

Aka mayar. Fim ɗin Hausa ne, bara aka ɗauke shi a bakin tafkin. Can bayan masu wasan, wani a kwalekwale ya yi fito, ya juyo. Fuskar fari fat, sai ka ce an shafe ta da alli.

"Gyara hoton mana!"

"Baba, ba ya gyaruwa. Kwafin kwafi ne. Wani ya kwafa a Tudun Wada, ni ma na kwafa a wurinsa. Duk kwafi sai ya ci fuska. Sai dai na asali, a Kano."

Da safe matarsa Tasalla ta kwance akuyarta da kanta, ta miƙa masa igiyar ya je ya sayar, ya yi guzurin Kano. "Malam, in yana raye bara, yana raye yau."

A Kano mai shago ya ba shi kaset cikin kwali mai hoto da hatimi. "Daga hannun masu fim ɗin ya fito." Ubale ya tambayi labarin mai kwalekwalen. "Wa ya sani, Baba? Wucewa ya zo yi." A mota ya cusa kaset ɗin cikin riga, kada rana ta narkar da mutanen ciki.

Da la'asar zauren ya cika. Tasalla, wadda yanar ido ta fara rufe wa gani, ta zauna dab da talabijin. Yau ruwan ya fito shuɗi, har ciyawa ana gani. Fiton ya tashi. Saurayin ya juyo, tar.

Ubale ya dubi kunnen hagu. Na Hamidu ƙugiya ta tsaga shi tun yana yaro. Wannan lafiyayye ne. Jiya, cikin farin allin nan, yana da ɗa. To amma fiton fa, a bakin wa wannan ya koya?

Tasalla ta rarrafa, ta ɗora tafinta a gilashin.

"Ya yi ƙiba," in ji ta. "Malam, ka ga ya yi ƙiba."

Gwadabe ya tsayar da hoton, ya rage murya.

"To, Baba, shi ne kuwa?"