Ranar da Hajiya Zuhura Ta Taka Mafara da Ƙafa

Ranar Litinin da la'asar masu kawo lefen Rumaisa suka iso Talata Mafara daga Zariya. Mata ne cike da mota, amma mai magana a cikinsu ɗaya ce, Hajiya Zuhura, yayar mahaifin ango. Ita ta riƙe angon, Zaharaddini, tun yana ƙarami, kuma a gidansu idan ta yanke magana ba mai tayar da ita. Aka buɗe akwatuna, aka yi guɗa, aka ci aka sha. Sai da aka fara rufe akwatunan ta gyara zama ta ce akwai saƙo ɗaya da ya rage.

"Yarinya dai mun yaba da tarbiyyarta. Amma idan ta tare, ta tare ke nan. Ba zirga-zirga a kan wannan hanya taku. Ko haihuwa Allah ya kawo, a Zariya za ta yi wankanta. Mai son ganinta ya je ya same ta."

Mahaifiyar Rumaisa ba ta wurin, don Rumaisa 'yar farinta ce, kunya ba ta bar ta ta zauna ba. Sai idanu suka koma kan Malama Taiba, ƙanwar mahaifin amarya.

Malama Taiba tsohuwar shugabar makarantar 'yan mata ce. Tun tana koyarwa take da wata al'ada, duk zangon karatu sai ta jera ɗalibanta ta zaga gari da su a ƙafa, tana nuna musu abin da suke wucewa kullum ba su sani ba. Da ta yi ritaya ba ta daina ba. Masu bautar ƙasa da sababbin ma'aikatan da aka turo garin, wurinta ake aiko su. Kowa ya san ba ta rasa amsa, shi ya sa aka zuba mata ido. Ita kuwa murmushi kawai ta yi.

"Mun ji, Hajiya. Ba a jayayya da baƙo ranar da ya sauka. Ku huta gajiya."

Da safe motar baƙi ta ƙi tashi. Bawa direba ya kira makanike, makanike ya ce sai an kawo wani ƙarfe daga Gusau, kuma kafin a ɗaura shi yamma ta yi, ga shi ba mai kama hanya da yamma. Dole sai an ƙara kwana. Hajiya Zuhura ta zauna bakin gado da carbi a hannu, ranta a ɓace. Tana nan zaune Malama Taiba ta yi sallama, sanye da takalmi marar tudu, da laima a hammata. Suka gaisa, ina kwana, ina gajiya, ina baƙunta, ya aka ji da sauro, har gaisuwa ta ƙare.

"Hajiya, yau Talata," in ji Malama Taiba. "Kasuwar yau ita ta ba garin ga rabin sunanshi. Tunda Allah ya tsai da ku, tashi mu taka. Kin yanke muna hukunci, to ki ga garin da kinka yanke ma hukuncin."

"A ƙafa? Cikin garin nan?"

"Da ƙafa ake sanin gari. Mota hanya ɗai take nuna ma mutum."

Nazifa, yayar ango, wadda tun jiya take leƙen waje ta taga, ta riga ta ɗauki mayafinta. Sauran matan suka ce su kam suna nan. Hajiya Zuhura ta dubi Malama Taiba sama da ƙasa. Ba ta son fita, amma ta fi ƙin a ce tsoro ya hana ta. Ta miƙe.

Suka bi lungunan tsohon gari, Malama Taiba a gaba tana tafiya kamar wadda aka share wa hanya. Ba su yin nisa sai an tsayar da ita. Wannan ɗalibarta ce da, yanzu ga ta da goyo. Wancan ita ta sa aka mai da 'yarsa makaranta. Ta tsaya gaban wani tsohon zaure na ƙasa, ta sa Nazifa ta ɗora hannu a kan kaurin bangon, ta ce su shiga su ji sanyin ciki. Suka shiga, zafin rana ya yanke kamar an rufe masa ƙofa. Ta nuna musu yadda aka gicciya azara a rufin, ta ce maginan da suka iya wannan aiki saura kaɗan a garin, kuma duk ta san gidajensu.

Daga nan sai maƙera. Tun daga nesa ake jin ƙarar guduma a kan uwar maƙera. Wani dattijo mai suna Sambo yana wasa lauje, ga wasu jere a gabansa, don girbin shinkafa ya kusa. Ya ajiye aiki suka gaisa. Malama Taiba ta ɗauki lauje ɗaya ta nuna musu haƙoransa.

"Wanga har Bakura da Damri ake zuwa sayenshi. Mu da Bakura da Maradun tsintsiya ɗaya ce, ko da kowa da sarautarshi. Na Bakura Sarkin Burmi ake ce mai, na Maradun Sarkin Kaya, namu Sarkin Mafara. Kasuwa ta haɗa mu, aure ya haɗa mu, ruwa ya haɗa mu."

Nazifa na ta ɗaukar hoto da waya. Hajiya Zuhura kuwa hankalinta na kan hanya. Duk babur ɗin da ya gifta sai ta bi shi da ido har ya ɓace.

Hantsi ya ɗaga sosai lokacin da suka shiga kasuwa. Albasa tsibi-tsibi, buhunan shinkafa, barkono, dankali, rake an jingine shi kamar shinge, busasshen kifi yana ƙamshi. Matan Fulani sun jera ƙorai suna dama fura. Malama Taiba ta ratsa da su ta tsakiya, tana gaya musu wane kaya daga wane gari ya fito, har ta kai su gindin wata katanga inda wata mata ke zaune da babban faranti.

"Hindatu, ga baƙi na kawo miki daga Zazzau. Ba su san hoce ba."

Hindatu ta yi dariya, ta jawo musu benci. Ta ɗauko hoce, wani gasasshen abinci na garin dawa mai ɗan tsami, ta gutsuttsura shi a kwano, ta zuba dafaffen zogale da dakakken ƙuli-ƙuli da mai da albasa, ta cakuɗa. Hajiya Zuhura ta ɗebi kaɗan don kada a ce ta raina. Ta tauna, ta sake kai hannu.

Loma ta uku tana hannunta aka ji ihu daga can wajen kara, inda ake sayar da shanu. Mutane suka taho a guje. Tire ya kife, tumatir ya watse, wani ya faɗa kan buhunan barkono. Hajiya Zuhura ta miƙe tana salati, kwanon ya faɗi, ta yi tuntuɓe da benci za ta faɗi. Kafin ta kai ƙasa Hindatu ta rungume ta, ta ja ta bayan katanga, ta tsaya a gabanta ta kare ta da jikinta. Malama Taiba ta damƙe hannun Nazifa da ke shirin bin masu gudu.

"Tsaya nan! Wanda ya bi gudu shi aka takewa. Hindatu, mi kika ji?"

Hindatu ta kasa kunne. "Babu harbi, Malama. Kuma maza dariya sukai. Dabba ce."

Ba ta rufe baki ba sai ga wani jan bijimi ya ratso layin 'yan rake, guntun igiya na reto a wuyansa, mahauta na bin sa suna ihu. Ya yi karo da wata rumfa, ya juya, wani saurayi ya jefa masa igiya a ƙafar baya, sauran suka taru suka kayar da shi. Nan take kasuwa ta ɗauki sowa. Mai tumatir ya fara tsince kayansa yana zagin mai sa.

Hajiya Zuhura ta zauna a kan benci. Ba wanda ya yi mata dariya. Hindatu ta ba ta ruwa, ta kakkaɓe mata mayafi.

"Yaya aka yi kika san ba 'yan bindiga ba ne?" Hajiya Zuhura ta tambaye ta da ta samu numfashi.

"Na san ƙarar zuwansu, Hajiya. Ni mutunniyar wani ƙauye ce can wajen Janbako. Sun shigo muna, munka baro gida da abin da ke jikinmu. Nan munka sauka. Malama ta samo min ɗaki, maƙwabta sunka haɗa min dawa na fara sana'a. Yanzu ɗiyana biyu suna makaranta."

Hajiya Zuhura ta juya ga Malama Taiba. "To kin ji. Ashe gaskiyata ce."

"Gaskiyarki ce," in ji Malama Taiba, ba ta ko ƙifta ido ba. "Ban fito da ke don in ce miki ƙarya ake yi muna ba. Akwai hanyar da ni kaina ba ni bi, akwai lokacin da ba ni fita. Na binne ɗalibaina a kan wannan masifa. Amma ki duba wadda ta tare ki da jikinta, ba ta san ko sunanki ba. Ita ma Zamfara ce. Tashi, saura wuri ɗaya."

Suka yi sallar azahar a gidan wata ƙawar Malama Taiba, sannan suka fita bayan gari. Can suka tarar da babbar hanyar ruwa ta siminti, ruwa na gudu a cikinta, gefe da gefe kuwa shinkafa ce shimfiɗe iyakar ganin ido, ta fara ja. Malama Taiba ta ce ruwan daga madatsar Bakolori yake zuwa, ta wajen Maradun. Ta ba su labarin yadda aka tare gulbi tun tana yarinya, ruwa ya ci gonaki da garuruwa, aka tashi mutane aka mai da su sabon matsuguni, da irin ɓacin ran da aka sha a lokacin.

"Kakata ta wajen uwa tana cikin waɗanda anka tasa. Har ta rasu tana kewar tsohon gidanta. Amma jikokinta ne ke noma wagga shinkafa rani da damina. Mu haka muke, Hajiya. A tashe mu, mu sake kafawa."

Akwai mai suyar kifi a gindin wata bishiya. Suka zauna a tabarmarsa, ya kawo musu tarwaɗa mai zafi da yaji. Nazifa ta tafi bakin ruwa ɗaukar hoto. Hajiya Zuhura ta dubi gonakin, ta fara magana.

"Ɗana na cikina, Hamidu, a hanya aka tare su. Ba nan ba, can wajenmu. Ya dawo da rai, amma har yau ba ya iya barci sai da fitila. Tun ranar na ce ba wanda zan sake sakewa a kan hanya."

Malama Taiba ta yi mata jaje, ta yi wa Hamidu addu'a, ba ta gaggauta ba. Sannan ta ce, "Kin ga ke nan abin bai san Zamfara ba, bai san Zazzau ba. In kin hana Rumaisa gida, ba ki tsare ta ba, kin raba ta da mutanenta ne kawai. Yarinyar da anka yanke ma saiwa ba ta yi ma ɗanku inuwa. Ki bar min tafiyarta a hannuna. Na san direbobin da ke tashi da hantsi, na san wanda ake tambaya kafin a kama hanya. Ranar da na ce kada ta taho, ba ta tahowa, ko bikin wa ake yi."

"In kuma ni na ce kada ta taso?"

"Sai mu yi waya, ni da ke, mu auna. Ba ki yanke ke ɗai ba, ban yanke ni ɗai ba."

Hajiya Zuhura ta cire ƙaya daga kifinta a hankali. "Malama, ke ba a kayar da ke a magana ko?"

"Ana yi. Ba dai a garinmu ba."

Karon farko tun zuwanta, Hajiya Zuhura ta yi dariya har tana riƙe ciki.

Da suka koma gida ta sa aka kira mata matan gidan duka, har da mahaifiyar amarya, wadda ta tsaya daga bakin ƙofa. Ta ce maganar jiya ta janye ta. Rumaisa za ta riƙa zuwa gida, kuma wankan fari a ɗakin uwarta za ta yi, sai dai kowace tafiya da sanin ita da Malama Taiba. Wata tsohuwa ta rangaɗa guɗa. Washegari da hantsi motar ta tashi lafiya, suka kama hanyar Zariya.

Aka yi biki bayan ƙaramar salla. Sau ɗaya a shekarar Malama Taiba ta buga waya ta ce kada Rumaisa ta taso, hanya ba daɗi, kuma ba a taso ba. Da Allah ya sauki Rumaisa lafiya, a Mafara ta yi wanka. Ana jibi suna Hajiya Zuhura ta iso da bas cike da matan islamiyyarsu, ta ce duk sai an zaga da su gari. Malama Taiba ta fito ta ƙare musu kallo, ta ga muryarta ba za ta kai na baya ba, sai ta aika tsohuwar makarantarta aka aro mata lasifika.