Ba Na Ba Tuzuru Haya

Mai gidan hayar ya riƙe makullin da yatsu biyu yana kaɗawa, idonsa na kan gemun Injiniya da furfura ta fara yi wa ado.

"Ina iyalin?"

"Sai na samu ɗakin za a sa rana, Alhaji."

"To a sa ranar, sai ka dawo. Ba na ba tuzuru haya."

Shekarun Injiniya talatin da shida, digiri biyu na barci a akwati, yana koyarwar wucin gadi a wata makarantar kuɗi, kuma har yau a ɗakin ƙuruciyarsa yake kwana. Mahaifin yarinyar da ya shekara biyar yana nema ya gaji da jira: ranar Juma'a a nuna masa ɗaki, ko kowa ya kama gabansa. Yau Laraba, kuma wannan ne gida na tara.

"Ko kuma," in ji Alhaji, "ka zo mini da babba ya tsaya maka."

Wane babba? Mahaifinsu ya daɗe da rasuwa.

Ana haka ƙanensa da ya kawo shi a babur ya yi sallama. Bakanike ne, ya ajiye boko tun aji uku, ya yi aure da wuri, yanzu 'ya'yansa uku. Baƙin mai har a goshinsa.

"Wannan fa?"

"Ɗan'uwana ne," in ji Injiniya.

Alhaji ya dubi Bakanike. "Kana da iyali?"

"Ina da su, Alhaji."

Nan take fuskar Alhaji ta washe. Ya tura wa Bakanike kujerar da bai tura wa Injiniya ba.

"Haba, yanzu na ji magana! Kai za ka sa hannu. In yaron ya tara mini abokai, kai na sani."

Bakanike ya buɗe baki zai gyara zancen. Injiniya ya taka masa ƙafa. Kunya ta kama shi har wuya, amma ya fi tsoron Juma'a.

Da suka fito titi, ƙanen ya miƙo makullin da Alhaji ya damƙa masa, da hannu biyu, kansa a ƙasa.

"Yaya, ka yi haƙuri."

"Riƙe tukuna," in ji Injiniya. "Alhaji yana leƙowa ta taga."