Shaidar Dogo

Ƙanena butulu ne, kuma na faɗa masa haka a gaban matarsa.

Injiniyan gini ne. Tun yana sabon shiga, abokin aikinsa Dogo, mai zanen gini, ke gyara masa kurakurai a ɓoye. Har a shafin nan na intanet inda ma'aikata ke baje gwanintarsu, Dogo ya rubuta masa shaida mai kyau a ƙarƙashin hotonsa. Da matakalar wani bene ta tsage, laifin ƙanena ne, amma a gaban manaja ya ɗora wa Dogo. Aka sallami bawan Allah. Ko waya ƙanena bai yi masa ba.

Bana kamfaninsu ya rufe. Ya nemi aiki a wani wuri, aka tambaye shi mai tsaya masa, ya ce a duba shaidar da ke shafinsa. Kunya ba ta kama shi ba.

Na same shi a falo da kwamfuta a cinya, matarsa tana guga.

"Yaya, shafin nan ya lalace," in ji shi. "Na buga sunan Dogo, babu. Tsofaffin saƙonninmu suna nan, amma ba suna, ba hoto. Ko ya rufe nasa ne?"

Matarsa akanta ce, ita ma tana shafin. Ta ajiye dutsen guga ta ɗauki wayarta.

"Ga shi nan da ransa, har ƙiba ya yi. Jiya ma ya sa hoton sabon ofishinsu."

"To ni me ya sa ba na ganinsa?"

"Ranka ya daɗe, Injiniya, toshe ka ya yi. In kowa na ganin mutum ban da kai, ai ba sai an kira mai gyara ba."

Ya koma nasa shafin da sauri. Shaidar ta ɓace tare da mai ita.

"Ara mini wayarki in ba shi haƙuri."

"Da sunana? Ni ban yi masa komai ba."

Ya daɗe yana kallon gurbin. "Yaya, da na kira shi tun a lokacin, da ya ɗauka. Dogo ba ya riƙo."

Na ce masa shi butulu ne. Ɗan'uwana ne, kuma zuciyata ta karye. Amma yana da bakin yin magana tun tuni, ya ƙi.

Masu ɗaukar aiki suka duba, ba su ga shaidar kowa ba. Aka ba wani aikin. Har yau yana zaune a gida.