Uwar Adashe a Birnin Hisabi

Ranar da aka ɗage shari'ar karo na huɗu, Hajiya Tabawa, uwar adashen matan kasuwar Funtuwa, ta dawo gida ko abinci ba ta iya ci ba. Ta yi sallar azahar, ta kishingiɗa a kan darduma, barci ya kwashe ta.

Wadda Tabawa ta kai ƙara ba kowa ba ce illa Laure, aminiyarta tun suna 'yanmata. Laure ta yi kwasa, sai mijinta ya kwanta ciwo, zubi ya gagare ta wata biyar. Tabawa ta kai wa wani sajan na goro, aka ɗauke Laure a gaban 'ya'yanta, ta kwana uku a caji ofis. Bayan beli ma sajan bai bar ta ta huta ba. Tun daga nan ba su sake haɗuwa ba sai a kotu, can ma Laure ƙasa take kallo.

Cikin barcin sai Tabawa ta ga kanta a ƙofar wani birni mai doguwar ganuwa, ba rana ba inuwa. Wata tsohuwa na tsaye ta juya baya. Daga tsayuwar kawai Tabawa ta gane mahaifiyarta ce, wadda ta kafa adashen, ta rasu shekara tara da suka wuce.

"Inna!" Ta miƙa hannu za ta rungume ta.

"Ba gaisuwa ce ta kawo ni ba. Biyo ni."

Suka iske wasu mutane suna gudu da buhuna a ka, garwashi na zuba a wuyansu, ba su da ikon saukewa.

"Inna, su waye waɗannan?"

"Waɗanda suka kwashi adashe da niyyar cinyewa, suka ɓace. Gumin mata ne yake ƙona su."

Gaba kaɗan ga wasu masu kaki a ɗakuna ƙanana, ko miƙe ƙafa ba sa iyawa. Kowanne yana kiran sunan wani mutum yana roƙo.

"Waɗannan fa?"

"An ba su amanar tsaro, suka mai da kansu 'yan karɓar bashi. Ba mai buɗe musu sai wanda suka kulle, shi kuwa bai zo ba tukuna."

Sai wani dogon layi na masu manyan riguna, alƙalai da masu unguwanni. Duk wanda ya kai ƙofa sai a ce masa ya dawo wata mai zuwa. Inna ta ce tun da suka zo suke jiran a saurare su, kamar yadda talakawa suka jira a ƙofarsu.

Daga ƙarshe suka tsaya a wani ɗaki da babu kowa, sai siminti mai sanyi.

"Na waye wannan?"

Nan take Tabawa ta gane nata ne.

"Inna, haƙƙin mata talatin ne a wuyana. In ban karɓo ba, me zan ce musu?"

"Ban hana ki neman haƙƙi ba. Amma ni na kafa adashen nan ne don kada mace ta wulaƙanta. Kin taka ƙafa kin gaida mai jiki ko sau ɗaya?"

Daga bayan bango ta jiyo dariyar Laure, irin ta da, lokacin da suke wanki a bakin rafi suna watsa wa juna ruwa. Ta lallubi bangon ko'ina, ba ƙofa.

"Inna, ki dube ni mana, ko sau ɗaya."

Tsohuwa ta juyo a hankali. Fuskar nan ce dai da Tabawa ta shekara tara tana marmari, amma jiƙe da hawaye.

Kiran la'asar ne ya farkar da ita. Ta yi salla ta daɗe tana istigfari. Ta ƙudurta gobe da safe za ta janye ƙarar, ta sayar da awarwaronta ta cike wa mata zubinsu. Amma zuwa gidan Laure ba zai jira gobe ba.

Ta yi sallama sau uku kafin wata murya ta amsa a tsorace daga ciki: "Waye?"

"Laure, ni ce. Ni kaɗai ce."