Bututun Sada

Shekarar da ruwan Tiga ya iso gonakin Kura, aka raba wa manoma bututun roba na jan ruwa daga kwata zuwa gona. Sada manomi ya tattara waɗanda suka fashe, ya yanka su dogaye da gajeru, ya jera a kan gungumen dabino, yana dukan bakinsu da tsohon silifa. Kowanne da irin muryarsa. A gefe ya rataya karyayyen faifan garmar tarakta, yana ƙwanƙwasawa da ƙusa.

Datti, amininsa tun yarinta, shi ne mai gangar noma a ƙauyen, gado tun kaka. Da farko dariya ya yi. Amma ranar gayyar yankan alkama a gonar Alhaji Isiyaku, sai ya ga samari sun bar ɓangarensa sun koma na Sada, lauje na sauka daidai da amon bututu. Da ya koma gida ma, ya tarar da Kubra matarsa tana lugude da irin salon kiɗan Sada. 

"Wannan ai tarkace ne, ba kiɗa ba," ya ce wa Sada washegari.

"To kawo gangarka mu haɗa mana, Datti, ka ji yadda za su dace."

"Gangar ubana da kayan bola? Allah ya sawwaƙe."

Daga nan Datti ya wuce wurin malamin gona, ya ce ana yanka kayan gwamnati ana wasa da su. Aka zo aka kwashe bututun, har waɗanda ba sa moruwa. Sada bai tambayi wanda ya kai ƙara ba. Da aka gama girbi, ya koma Bunkure wajen dangin uwarsa.

Fage ya zama na Datti shi kaɗai. A gayya ta gaba, yana cikin kiɗa wani saurayi ya ɗago ya ce, "Baba Datti, yi mana na Sada!" Ya ce bai san shi ba. Ƙarya ce: ya sha gwadawa a bayan rumbu, ganga ta ƙi.

Masu zuwa kasuwar Bunkure suka riƙa kawo labari, wai Sada ya koma kiɗa da kwalabe da gwangwanayen tumatir, jama'a har kan amalanke suke hawa don su gani. Datti yakan yi tsaki, ya ci gaba da ɗaure tsirkiyar gangarsa. Can sai ya ce, "Su nawa suka taru?"